Tambaya da Amsa: Me ya sa labarina na ɗan Zango ya koma darasin tarihi?

Tambaya: Ina rubuta ƙagaggen labari a kan wani saurayi ɗan Zangon Kumasi, wanda kakan kakansa ya zo daga Kano fataucin goro. Yaron bai taɓa taka Kano ba, a Kumasi kuma ana masa kallon baƙo. Waɗanda suka karanta babi uku na farko sun ce tamkar darasin tarihi suke karantawa. Ina zan gyara?

Amsa: Malam, wannan ciwo sananne ne, kuma yana da magani. Yawanci abin da ke faruwa shi ne marubuci ya san tarihin sosai, sai ya ɗora wa tauraronsa duk abin da ya sani. Ka san fatake sun bi hanyar Gwanja, ka san yaƙin basasar garin Salaga, a arewacin Gana, na 1892 ya warwatsa 'yan kasuwa zuwa Kumasi da wasu garuruwa, ka san dokar korar baƙi ta gwamnatin Firayim Ministan Gana Busia a 1969. Duk gaskiya ne. Amma saurayinka bai san su a jere haka ba. Abin da ya sani guntu-guntu ne: kalmar da kakarsa ke faɗi in ta fusata, da wata tsohuwar adaka da ba a buɗewa, da sunan wata unguwa a Kano da babu wanda ya iya kwatanta masa inda take. Da waɗannan za ka gina labarin.

Fara da abin da ake taɓawa ko ake shaƙa. Abdulrazak Gurnah, ɗan Zanzibar da ya ci kyautar Nobel a 2021, ya yi haka a littafinsa By the Sea na 2001. Wani dattijo ya sauka a filin jirgin Gatwick na Ingila yana neman mafaka da sunan aro, a kayansa akwai ɗan akwatin turaren wuta. Jami'in shige da fice ya ƙwace akwatin, ta wannan turaren kuma aka shiga labarin fatken da ya kawo shi da rigimar gidan da ta biyo baya. Kai ma nemo naka. Ko ganyen da ake naɗe goro da shi, ko allon da ya tsage aka ɗaure da waya. Abu ɗaya ko biyu sun isa littafi guda. In suka kai biyar, sun zama kayan ado.

Sai maganar komawa baya, wato tuno abin da ya wuce a cikin labari, inda mafi yawan marubutanmu ke tuntuɓe. Duba babinka ka ƙirga sau nawa ka rubuta "yakan" da "sukan". "Kakansa yakan zauna a zaure, yakan ba su labarin Kano." Wannan al'ada ce, ba a ganin komai a cikinta. Ka yi jimla biyu ko uku da "yakan", sannan ka sauka a kan rana guda: "Ran nan, ana gobe Sallah, ya kira sunan ƙofar garin da nasa kakan ya fita ta cikinta, sai ya yi shiru." Kada komawa bayan ta wuce shafi ɗaya ko biyu a farkon littafi, kuma a dawo ta ƙofar da aka shiga. In ƙamshin turare ya kai shi, to hayaƙin ya mutu ya dawo da shi.

Abin da na fi so ka riƙe shi ne saɓani. Mutum biyu a gida ɗaya ba sa tuna abu iri ɗaya. Bari gwaggo ta ce kakan kakan nasa ya bar Kano ne don kasuwa, kawu ya ce bashi ya koro shi. Kada ka raba gardamar. Mai karatu zai fahimci cewa asalin da yaron ke nema labari ne da kowa ke ja wajensa, ba sai ka faɗa masa ba.

Harshe kuma makami ne da ke hannunka. Hausar Zango a Gana ba ta cika bambanta namiji da mace ba, za ka ji an ce "yarinya ya zo". Ka kai saurayin Kano, ya buɗe baki a Kasuwar Kurmi, mai shago ya yi murmushi ya ce, "Daga Gana kake?" Yaron da aka ce wa ɗan Kano tun yana goye, ga shi a Kano an mai da shi ɗan Gana da jimla ɗaya. Wannan fage ya fi shafi goma na "ni wane ne?" Amma ka yi hattara, kada ka mai da Hausar Zango abin dariya. Harshen uwarsa ne, da shi aka yi masa rarrashi.

Game da 1969, kada ka bayyana dokar. Nuna maƙwabcin da ya sayar da gidansa a wulaƙance cikin mako biyu, ya bar wa kakar yaron tukunyar tagulla ajiya, bai dawo ba. Tukunyar tana nan a ƙarƙashin gado, ana goge ta duk shekara.

Ka koma babi ukun nan da jan biro. Duk sakin layin da ba wanda ke gani, ko ji, ko musantawa a cikinsa, ka ja masa layi ka kwashe shi zuwa wani littafin ajiya. Abin da ya rage, ko shafi shida ne, daga nan za ka sake farawa.