An kori ƙarar da na ɗaukaka don ban halarci kotu ba

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni direban babbar mota ne daga Aboabo, Kumasi, a ƙasar Ghana. Kotun iyali ta yanke mini kuɗin ciyar da 'ya'yana biyu da ke hannun tsohuwar matata, na ga sun fi ƙarfina, sai na ɗaukaka ƙara. Ranar zaman mota ta lalace mini a hanyar Bawku, da na dawo aka ce an kori ƙarar. Shin magana ta ƙare ke nan?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Ba lallai ta ƙare ba, amma kada ka yi jinkiri. Da farko ka je ofishin rajista na Babbar Kotu da ke unguwar Adum a Kumasi, ka nemi kwafin umarnin da alƙali ya bayar ranar, domin akwai bambanci tsakanin ƙarar da aka soke daga jerin shari'u saboda mai ita bai zo ba, da wadda aka saurara aka ga ba ta da tushe. Idan ta farkon ce, wadda ita na fi zato, alƙali bai taɓa gundarin kokenka ba, kuma kana iya shigar da roƙo a maido da ita, tare da takardar rantsuwa mai bayyana abin da ya hana ka zuwa.

A nan ne mutane da yawa suke faɗuwa, domin alƙali ba ya karɓar "ina kan hanya" da fatar baki. Ka haɗa da rasit na makanike, da takardar kayan da ka ɗauko mai ɗauke da kwanan wata, ka kuma bayyana dalilin da ya sa ba ka aiko da wanda zai nemi a ɗaga zaman ba. Maidowar tana hannun alƙali, zai duba uzurin da kuma saurin da ka yi, yana iya ma sa ka biya wa uwar yaran kuɗin ɗawainiyar zuwanta. Da a ce ba a kai maka takardar sanarwar zama ba ne, da hujjarka ta fi haka ƙarfi.

Sai dai ka sani, ɗaukaka ƙara ba ya dakatar da hukuncin kotun iyali, saboda haka duk watan da ba ka biya ba bashi ne a wuyanka. Dokar Yara ta 1998, mai lamba 560, ta sa maslahar yaro gaba da komai, kuma a ganina uban da ya daina ciyarwa yana jiran shari'a ya raunana roƙonsa da hannunsa.

Idan kuwa samunka ne ya ragu bayan hukuncin, dokar ta ba ka damar komawa kotun iyalin kanta ka roƙi a sake duba adadin, hanyar da sau da yawa ta fi sauƙi. In ba ka da halin ɗaukar lauya, Hukumar Tallafin Shari'a tana da ofishi a Kumasi; ka je musu da kwafin umarnin da shaidar biyan da ka riga ka yi.