Shin Lincoln ne ya 'yanta bayin Amurka?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina koyar da tarihi a wata sakandare. Na faɗa wa ɗalibai cewa Abraham Lincoln ne ya 'yanta bayin Amurka, sai wani yaro ya ɗaga hannu ya ce ya gani a intanet cewa Lincoln bai ɗauki baƙi daidai da farare ba, har ma ya so a kwashe su daga ƙasar. Na rasa abin da zan ce masa. Wani abokina ya ce in nemi littattafan Eric Foner. Wane ne shi, kuma da wanne zan fara? Allah ya ƙara basira.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Amin, tare da kai. Wannan yaro ka riƙe shi da kyau, domin abin da ya faɗa gaskiya ne, kuma abin da kai ka faɗa ma yana da tushe. Abokinka ya nuna maka hanya mai kyau, tunda wannan kulli shi ne Foner ya shafe fiye da shekara hamsin yana warwarewa.

An haifi Eric Foner a New York a 1943, ya kuma daɗe yana koyarwa a Jami'ar Columbia. Gidansu gidan tarihi ne: mahaifinsa da baffansa duk malaman tarihi ne, kuma dukansu sun rasa aikin koyarwa a 1941 lokacin da ake farautar waɗanda ake zargi da ra'ayin gurguzu. Ya taso yana ganin cewa abin da ake koyarwa a aji na iya ja wa mutum asarar abincinsa, kuma hakan yana bayyana a irin tambayoyin da yake yi wa tarihi.

Littafin da ya amsa tambayar ɗalibinka kai tsaye shi ne The Fiery Trial, wanda ya fito a 2010 ya kuma ci lambar Pulitzer a 2011. Foner bai ɓoye komai ba. A 1858, a wata muhawara da Stephen Douglas, abokin takararsa na kujerar sanata, a garin Charleston na jihar Illinois, Lincoln ya faɗa a bainar jama'a cewa ba ya goyon bayan a ba baƙi ƙuri'a ko muƙami, ko su yi auratayya da farare. A watan Agustan 1862, yana shugaban ƙasa, ya kira wasu wakilan baƙi su biyar fadar gwamnati ya ce musu gara a rabu, su je su kafa zama a Amurka ta Tsakiya. An ma gwada abin: a 1863 aka kwashi mutum fiye da 400 zuwa wani tsibiri na ƙasar Haiti, cuta da yunwa suka far musu, aka aika jirgi ya dawo da waɗanda suka rage a 1864. Duk da haka mutumin ya tsani bauta tun yana saurayi, kuma shi ne ya rubuta a 1864 cewa idan bauta ba laifi ba ce, to babu wani abu da yake laifi. A zamaninsa ana iya ƙin bauta a kuma ƙi zama daidai da bawan, kuma da yawa daga fararen Arewa a nan suka tsaya. Abin da ya bambanta Lincoln shi ne bai tsaya a nan ba. Aikin Foner shi ne bin sawun wannan sauyi wata bayan wata, da nuna waɗanda suka ingiza shi.

Ga inda nake so ka daɗe da ɗalibanka. Lokacin da yaƙin basasa ya ɓarke tsakanin gwamnati, wato ɓangaren Arewa, da jihohin Kudu masu bauta da suka ɓalle, a watan Afrilun 1861, akwai bayi kusan miliyan 4 a Amurka, kuma Lincoln ya sha faɗi cewa yaƙin na haɗa kan ƙasa ne, ba zai taɓa bauta a jihohin da take ba. A daren 23 ga Mayu na wannan shekara, wasu bayi uku, Frank Baker da Shepard Mallory da James Townsend, waɗanda 'yan tawayen Kudu suka sa aikin gina wuraren girke igwa, suka samu kwale-kwale suka haye ruwa zuwa sansanin sojan gwamnati na Fort Monroe a jihar Virginia. Washegari 'yan tawayen suka turo wani hafsa ɗauke da farar tuta yana neman a mayar da su, bisa dokar 1850 da ta wajabta mayar da bawan da ya gudu. Kwamandan sansanin, Janar Benjamin Butler, lauya ne. Ya ce tunda Virginia ta ce ta fita daga Amurka, ba ta da bakin neman kariyar dokar Amurka, kuma tunda ana amfani da mutanen nan wajen yaƙar gwamnati, ya riƙe su a matsayin ganimar yaƙi. Labari ya bazu a gandaye. Cikin 'yan makonni ɗaruruwa suka kwararo, har da mata da goyo da tsofaffi waɗanda babu wanda zai ce suna gina wa abokan gaba komai. Haka aka riƙa yi duk inda sojan Arewa ya sa ƙafa. Gwamnatin da ta ce ba ruwanta da bauta ta wayi gari da dubban mutane a ƙofar sansanoninta, dole ta yanke hukunci a kansu.

Daga nan doka ta fara bin abin da ƙafafun mutane suka riga suka yi. A watan Afrilun 1862 aka soke bauta a birnin Washington, aka biya iyayengiji diyyar da ta kai dala 300 kan kowane bawa. Bawan da ya yi aikin ba a ba shi ko sisi ba. Bayan gwabzawar Antietam a watan Satumba Lincoln ya yi gargaɗin cewa zai 'yanta bayin jihohin da ba su daina tawaye ba, sannan ranar 1 ga Janairun 1863 ya sa hannu a shelar 'yanta bayi. Shelar ta shafi yankunan da ke cikin tawaye ne kawai. Ta tsallake jihohi huɗu masu bauta da suka zauna tare da gwamnati, wato Delaware da Maryland da Kentucky da Missouri, ta tsallake Tennessee da wasu sassan Louisiana da Virginia. Masu raina shelar sukan ce ai ta 'yanta waɗanda hannun Lincoln ba ya kaiwa ne. Ni ina tare da Foner wajen ƙin wannan raini. Shelar ta shafi mutum fiye da miliyan 3, ba ta yi maganar diyya ba, ba ta yi maganar kwashe kowa ba, ta mai da kowane sojan Arewa mai kai 'yanci duk inda ya shiga, ta kuma buɗe wa baƙi ƙofar shiga soja. Kimanin 180,000 suka sa kaki a rundunar ƙasa.

Cikinsu akwai namu. Muhammadu Ali ɗan Sa'id, wanda Amurkawa suka sani da Nicholas Said, haifaffen Kukawa ne a Borno. An kama shi yana yaro aka ƙetara da shi Sahara, ya yi bauta a Tarabulus da Santambul, ya zauna a Rasha, ya isa Amurka yana 'yantacce. A 1863 ya shiga runduna ta 55 ta Massachusetts, bayan yaƙi kuma ya koyar a makarantun 'yantattu a Kudu. Ka ba ɗalibanka labarinsa, za ka ga yadda ajin zai yi tsit.

Mutumin da ya riƙe bindiga ya zubar da jini saboda ƙasa, da wuya a ce masa ƙasar ba tasa ba ce. Lincoln ya daina maganar kwashe baƙi a fili. Ya matsa wa majalisa har ta amince da gyara na 13 ga kundin tsarin mulki a ƙarshen Janairun 1865, wanda shi ne ya soke bauta a ƙasar baki ɗaya da jihohi suka tabbatar da shi a watan Disamba. Ranar 11 ga Afrilun 1865, a jawabinsa na ƙarshe, ya ce yana so a ba wasu baƙi ƙuri'a, masu ilimi da waɗanda suka yi soja. John Wilkes Booth yana cikin taron. Bayan kwana uku ya harbe shi.

Idan ka gama wannan, ka koma babban aikin Foner, Reconstruction, na 1988, kan shekarun 1863 zuwa 1877. Littafi ne mai kauri, akwai kuma taƙaitaccensa da ya fito a 1990, wanda zai fi dacewa da mai aji a gaba. Kafin zamaninsa, abin da ake koya wa yaran Amurka shi ne waɗannan shekaru lokacin ɓarna ne, da aka ɗora jahilan tsoffin bayi a kan mulki. Almajiran Farfesa William Dunning, na wannan Jami'a ta Columbia, su ne suka kafa wannan karatu, kuma da shi aka riƙa kafa hujjar hana baƙi ƙuri'a. W. E. B. Du Bois, masani baƙar fata ɗan Amurka wanda ya rasu a Accra a 1963, ya ƙaryata su tun 1935, manyan jami'o'i suka yi kunnen uwar shegu da shi. Foner ya ɗauko zaren daga hannunsa, ya shiga wasiƙu da takardun kotu da rahotannin hukumar kula da 'yantattu, ya nuna mutanen da suka taka ɗaruruwan mil suna neman 'ya'ya da matan da aka sayar, suka ɗaura aure a hukumance, suka tara kuɗi suka gina makarantu da coci-coci. Gyara na 14 a 1868 ya ba duk wanda aka haifa a ƙasar zama ɗan ƙasa, na 15 a 1870 ya hana a tauye ƙuri'ar namiji saboda launin fata. A 1870 Hiram Revels ya zama sanata daga Mississippi, jihar da Jefferson Davis, shugaban 'yan tawaye, ya taɓa wakilta.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a littafin shi ne maganar gona. A watan Janairun 1865, a birnin Savannah, Janar Sherman na sojan Arewa da sakataren yaƙi Edwin Stanton suka zauna da shugabannin addini baƙi su ashirin. Mai magana da yawunsu, Garrison Frazier, dattijo ne ɗan shekara 67 wanda ya fanshi kansa da matarsa da dala 1,000. Mu da muka san murgu da fansa mun san irin guminsa. Da aka tambaye shi yadda za su riƙe kansu, ya ce a ba su ƙasa su noma da hannunsu. Kwana huɗu bayan haka Sherman ya ba da umarnin a yanka wa iyalai eka 40-40 a gaɓar tekun South Carolina da Georgia da Florida, kimanin mutum 40,000 suka zauna suka yi shuka. Sai Andrew Johnson, wanda ya gaji Lincoln, ya yafe wa tsoffin masu gandaye ya ce a mayar musu da ƙasarsu. A watan Oktoba aka tura Janar Oliver Howard, shugaban hukumar 'yantattu, mutumin da ya rasa hannun dama a yaƙin, ya tsaya a wata coci cike da jama'a a tsibirin Edisto ya gaya musu su koma aiki a ƙarƙashin waɗanda suka mallake su jiya. Mutanen suka rubuta masa cewa gidaje da gonaki aka yi musu alkawari, kuma wanda ba shi da ƙasa yana hannun mai ƙasa. Aka karɓe. Yawancinsu suka ƙare suna noman auduga a gonar wani ana raba amfani, bashin mai kanti yana cin rabonsu tun kafin kaka. Ƙungiyar farare 'yan ta'adda ta Ku Klux Klan da ire-irenta suka bi da bulala da kisa, kamar kisan gillar Colfax a Louisiana a 1873, har gwamnatin tarayya ta janye hannunta daga Kudu a 1877. Ƙuri'ar da aka ƙwace daga baya ba ta dawo sosai ba sai da dokar 1965.

Inda za ka ga gazawar Foner shi ne rayuwar bawa kafin yaƙi. Hankalinsa ya fi karkata ga siyasa da doka da neman aiki, saboda haka idan kana son sanin yadda aka kawo 'yan Afirka da yadda bauta ta sauya daga gandun taba zuwa na shinkafa da auduga, masanin tarihi Ira Berlin ya fi shi zurfi a nan. Turancinsa kuma, ko da yake a fili yake, yana ɗauka cewa ka san taswirar Amurka, don haka ka ajiye taswira a gefe kana duba Kentucky da kogin Mississippi.

Shi kuwa yaron, idan ka koma aji ka ce masa ya yi daidai game da Lincoln na 1858 da na Agustan 1862. Sannan ka rubuta 23 ga Mayun 1861, da 1 ga Janairun 1863, da 11 ga Afrilun 1865 a allo, ka ba shi mako guda ya zo ya gaya wa 'yan ajin abin da ya faru a kowace rana da wanda ya jawo shi.