Idan Motsin Farantan Ƙasa Ke Tayar da Tsaunuka, Me Ya Tayar da Dutsen Kufena?

TAMBAYA

Assalamu alaikum. Ni malami ne a wata ƙaramar sakandare a Tudun Wada, Zariya. Littafin da muke koyarwa da shi ya ce ɓawon ƙasa a rarrabe yake faranti-faranti, kuma motsin farantan nan ne ke tayar da tsaunuka, ya buɗe kwaruruka. Sai wata ɗaliba ta ce da ni: to Malam, mu da ba a girgizar ƙasa a garinmu, me ya tayar da Dutsen Kufena? Wani yaro kuma ya ce kakansa ya gaya masa dutse yana girma. Na ba su amsa iya sanina, amma hankalina bai kwanta ba. Don Allah a warware mini.

AMSA

Wa alaikumus salam, Malam. Allah Ya yi wa yarinyar nan albarka, domin ta taɓo daidai wurin da littattafan makarantunmu suka bari a buɗe. Littafin bai yi ƙarya ba, sai dai labarin wasu ƙasashe yake bayarwa, ya manta da ƙasar da yaran suke takawa. Amsar a taƙaice ita ce: Kufena ba tashi ya yi ba, saura ne. Saiwar wasu manyan tsaunuka ce da suka taɓa tsayawa a nan, ruwa da iska suka cinye su tun kafin a yi ɗan Adam. Amma kafin wannan magana ta zauna, sai mun fara da farantan.

Ƙasar da muke kai tana da ɓawo mai tauri, wanda idan aka haɗa shi da sandararren dutsen da ke manne a ƙarƙashinsa, kaurinsa kan kai kamar kilomita 100. Wannan ɓawo a tsattsage yake: manyan farantai bakwai, da ƙanana da dama. Abin da ke ƙarƙashinsu ba ruwa ba ne, kuma ina roƙon ka gyara wa yara wannan, don da yawa suna ɗauka kan narkakken dutse muke yawo. Dutse ne shi ma, sai dai zafi da nauyi sun sa yana iya jan jiki a hankali ƙwarai. A kansa farantan ke tafiya, santimita kaɗan a shekara. Tekun Atilantika, alal misali, yana ƙara faɗi da santimita 2 zuwa 4 kowace shekara, kuma yau ana auna wannan kai tsaye da na'urorin tauraron ɗan Adam. Santimita 3 ba komai ba ce a rayuwar mutum, amma a ninka ta sau miliyan 100, ta zama kilomita 3,000. Wani Bajamushe, Alfred Wegener, shi ya fito da batun tafiyar nahiyoyi a 1912, masana suka yi watsi da shi, bai ga ranar da aka yarda ba. Sai a shekarun 1960, da aka auna ƙasan teku, magana ta tabbata.

Inda farantai biyu suka haɗu, nan aiki yake. Ka shimfiɗa tabarma a aji, ka sa yara biyu su tura ta daga gefe da gefe: tsakiyarta za ta tattare ta yi tudu. Haka Indiya ta yi wa Asiya kimanin shekaru miliyan 50 da suka wuce. Ta taho daga kudu ta daki Asiya, kuma da yake ɓawon nahiya ba shi da nauyin da zai nutse cikin ƙasa, sai duwatsun suka naɗe, suka karye, suka hau kan juna. Ɓawon nahiya yawanci kilomita 35 zuwa 40 ne, amma a ƙarƙashin Tibet ya kai kusan 70. Tsaunukan Himalaya ke nan, da Dutsen Ebarest mai tsayin mita 8,849. Abin da ya fi burge ni shi ne, dutsen da ke can ƙololuwarsa a ƙasan teku ya samu, har da ragowar halittun ruwa a jikinsa. Kuma karon bai ƙare ba, Indiya tana ci gaba da turawa, tsaunukan suna ƙara tashi da 'yan milimitoci a shekara. Saboda haka kakan yaron nan yana da gaskiya game da wasu duwatsu, amma ba namu ba.

Idan kuwa ɓawon teku ne ya haɗu da na nahiya, na tekun ya fi nauyi, sai ya sulale ƙarƙashi. Can ciki yakan sa dutse ya narke ya taso, shi ya sa tsaunukan Andes na Kudancin Amurka suke cike da duwatsu masu aman wuta. A nahiyarmu kuma, tsaunukan Atlas na Maroko sun tashi ne saboda Afirka tana matsar Turai, kuma a cikinsu aka yi girgizar watan Satumba na 2023 da ta kashe mutane kusan 3,000.

Kwari kuwa yakan buɗe inda ake jan faranti ta ɓangare biyu. Ɓawon ya miƙe, ya sirance, ya tsage gida biyu, tsakiyar ta zurma. Duk alhajin da jirginsa ya doshi Jidda ya ratsa ta kan irin wannan tsaga, domin Bahar Maliya ita ce gurbin da ƙasar Larabawa ta bari da ta fara rabuwa da Afirka kimanin shekaru miliyan 30 baya, kuma har yanzu tana buɗewa da kamar santimita 1 a shekara. Tsagar ta gangaro ta Habasha da Kenya da Tanzaniya, inda tafkin Tanganyika ya kwanta a cikinta da zurfin sama da mita 1,400. A 2005, a yankin Afar na Habasha, ƙasa ta dare tsawon kusan kilomita 60 cikin 'yan makonni, mutane suna gani da idanunsu.

Ba sai an je nesa ba ma. Mu ma muna da namu, kuma abin takaici ne a ce ɗan Najeriya ya san kwarin Kenya bai san na Binuwai ba. A can da, Afirka da Kudancin Amurka a manne suke, ƙasarmu tana maƙwabtaka da Burazil. Da suka fara rabuwa sama da shekaru miliyan 100 da suka shige, tsagar ta yi rassa uku daga wajen da Neja Delta take a yau. Biyu suka ci gaba da buɗewa har suka zama Tekun Atilantika. Na ukun ya nufo arewa maso gabas, ya ratsa ƙasar tsawon kusan kilomita 1,000, sai ya tsaya. Shi ne kwarin da kogin Binuwai ke bi. Ruwan teku ya taɓa shigowa ya cika shi, shi ya sa ake haƙo dutsen siminti a Ashaka ta jihar Gombe da Gboko ta jihar Binuwai, kuma a ramin haƙar Ashaka ana tsintar ƙwanson halittun teku da suka zama dutse. Da wannan reshe bai tsaya ba, da yau teku ne tsakanin Zariya da Jalingo.

To, mu dawo gida. Zariya tana tsakiyar farantin Afirka ne, bakinsa mafi kusa da mu yana can dubban kilomitoci daga nan. Shi ya sa ƙasarmu take kwance lafiya. Amma ba haka take tun asali ba. Kimanin shekaru miliyan 600 da suka wuce, wannan yanki yana cikin bakin karo. Tsohuwar ƙasar Afirka ta Yamma, wadda ta haɗa da Gana da Mali da Gini na yau, ta yi karo da ƙasashen da ke gabashinta, aka tayar da jerin tsaunuka tun daga Ahaggar ta Aljeriya, ta Ayar ta Nijar, ta ratsa ƙasar Hausa, ta wuce har arewa maso gabashin Burazil. Har yau duwatsun can da namu 'yan uwan juna ne a iri da shekaru.

A ƙarƙashin waɗancan tsaunuka, can cikin ƙasa kilomita da dama, zafi ya narkar da dutse. Narkakken ya taso kaɗan amma bai fito fili ba, ya tsaya a ciki ya huce sannu a hankali cikin dubban dubban shekaru. Shi ne dutsen garanait, irin wanda masu fasa dutse ke farfasawa a yi kankare da shi. Kufena da Madarkaci da duwatsun Turunku duk wannan iyali ne. Hujjar tana jikin dutsen. Ka ɗauki ɓallinsa ka duba, za ka ga ƙwayoyi daban-daban da ido ba tare da madubi ba: masu sheƙi kamar gilashi, da farare ko masu ɗan ja-ja, da baƙaƙe masu walƙiya. Ƙwaya ba ta yin girma haka sai dutse ya huce a hankali a rufe. Wanda aka amayar a fili yakan sandare nan da nan, ƙwayoyinsa ba sa ganuwa, kamar baƙin dutsen tudun Biu. Ke nan duk wanda ya hau kan Kufena, yana tsaye ne a wurin da ya taɓa zama a binne ƙarƙashin kilomitocin dutse.

Ina kilomitocin suka tafi? Ruwan sama ya kwashe su. Shekaru miliyan ɗaruruwa damina tana zuwa tana wucewa, ruwa yana shiga tsagogin dutse yana ruɓar da shi ya zama jar ƙasa da yumɓu da yashi, rafuka suna ɗauka zuwa koguna. Yayin da nauyin sama ke raguwa, abin da ke ƙasa yana ɗagowa, shi ma a ci shi. Sai dai ruɓewar ba ta tafiya daidai ko'ina. Inda dutse ke da tsagogi da yawa, ruwa ya samu ƙofa, ya ruɓe har can ƙasa, nan ne gonakinmu da fadamunmu, nan ne kuma mai haƙar rijiyar burtsatse yake samun ruwa. Inda ya zama dunƙule guda ba tsaga, ruwa ya rasa ta inda zai shiga, sai ya tsira, kewayensa ya yi ta raguwa, shi yana fitowa. A nan nake ganin asalin zancen tsofaffi cewa dutse yana girma. Mutum ya san wani fa a bakin gonarsa tun yana yaro ɗan kansa kawai ake gani, ya tsufa ya tarar ya fito sosai. Idonsa bai yaudare shi ba. Ƙasar da ke gefe ce ta zaizaye. Shi kansa dutsen raguwa yake, ɓawo-ɓawo yake saɓulewa daga jikinsa, kuma manyan ɓaraguzan da ke zube a gindin Kufena daga sama suka gangaro.

Kada a haɗa duwatsun Zariya da na Jos. Akwai garanait a can wanda ya fi namu ƙuruciya nesa ba kusa ba, shekarunsa wajen miliyan 160 zuwa 170, saiwar tsofaffin duwatsu masu aman wuta ne, kuma shi ya zo da kuzar da aka yi ta haƙa a can.

Haka nan kwarin Galma da na Kubanni, da kwazazzaban da ke cin bakin unguwanni duk damina, ba motsin faranti ya buɗe su ba, aikin ruwa ne, kuma sare itatuwa da ɗibar yashi suna ƙara masa gudu. Ya kamata yara su iya rarrabe kwarin da ƙasa ta tsage ta zurma da wanda ruwa ya sassaƙa, don na biyun ne muke da hannu a cikinsa.

Game da girgizar ƙasa kuwa, kada ka ce musu ba a yi ko kaɗan. Wancan tsohon karo ya bar tsagogi a cikin dutsen da ke ƙarƙashinmu, wani lokaci sukan ɗan motsa. An ji a Kwoi ta kudancin jihar nan a Satumban 2016, an kuma ji a Mpape ta Abuja a Satumban 2018. Ƙanana ne, ba su kusanci irin ta Maroko ba, domin ƙarfin da ke taruwa a bakin faranti ba ya taruwa haka a tsakiyarsa.

Shawarata, Malam, gani ya kori ji. Ka nemi izinin shugaban makaranta da iyaye, ka kai su gindin Kufena ta wajen Wusasa da sanyin safiya a lokacin rani, lokacin da dutsen ba ya santsi. Kowa ya ɗauki ɓalli ya ƙirga irin ƙwayoyin da ya gani, sannan su nemi inda dutsen ya fara ruɓewa yana marmashewa a hannu, su kwatanta shi da yashin da ke ƙasa. Idan kuma da hali, ka rubuta wa Sashen Nazarin Duwatsu na Jami'ar Ahmadu Bello a Samaru ka nemi su ba ku rana, a nuna wa yaran samfuran duwatsun Binuwai da na Jos a gefen na Zariya.