Ta yaya wanda bai yi suna a wasa ba yake horar da taurarin hokin ƙanƙara?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne a Kanada, shekarata ta biyu ke nan. Abokan karatuna ba su da hira sai ta hokin ƙanƙara, har ni ma na fara kallo. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne, sun ce da yawa daga masu horar da ƙungiyoyin NHL, wato babbar gasar hokin Amurka da Kanada, a ƙananan gasa suka ƙare wasansu, kuma suna yawan kawo misali da wani Bruce Boudreau. Ta yaya mutumin da ya kasa samun gindin zama a babbar gasa zai tsaya yana ba taurari umarni, su kuma su saurare shi?

Amsa: Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Abokanka sun zaɓo maka misali mai kyau, amma kafin mu je kansa sai ka ajiye abin da ka saba da shi a ƙwallon ƙafa. A hokin Arewacin Amurka ƙungiya ba ta faɗawa ƙaramin rukuni, ba ta kuma haurowa. 'Yan wasa ne ke hawa da sauka. NHL tana da ƙungiyoyi 32, kowacce kuma tana da ƙanwa a gasar AHL inda take ajiye matasanta da waɗanda take jiran ranar buƙatarsu. Ƙasa da AHL akwai ECHL. Ɗan wasa zai iya kwana a babbar ƙungiya, gari ya waye a ce masa ya tattara kayansa ya koma ƙasa, kuma idan kwantiraginsa mai fuska biyu ne albashinsa ma ya sauka tare da shi. A can ƙasa tafiya a bas ake yi, wani lokacin wasa uku cikin dare uku a garuruwa daban-daban.

A cikin wannan hawa da sauka Boudreau ya yi ƙuruciyarsa. An haife shi a Toronto a 1955. Yana matashi ya ci Kofin Memorial, na gasar matasan Kanada, sau biyu da Toronto Marlboros, a 1973 da 1975, kuma a 1975 ɗin ƙungiyar garinsu, Maple Leafs, ta ɗauke shi. Kowa ya zaci hanya ta buɗe. Sai dai duk abin da ya buga a NHL wasa 141 ne, ya zura 28 a raga, ya taimaka aka ci 42. A AHL kuwa ya tara maki 799, wato waɗanda ya zura da waɗanda ya taimaka aka ci a haɗe, kuma a kakar 1987-88 shi ya fi kowa maki a gasar, da 116, yana Springfield Indians. Ya buga a Johnstown, ya buga a Fort Wayne, ya je har Iserlohn a Jamus. Shekara 17 yana wannan yawo.

Don haka kalmar "ya kasa" tana buƙatar gyara. Mutumin yana da ido da hannu, ya san inda faifan, wato abin da ake bugawa a madadin ƙwallo, zai je kafin ya je. Abin da ya rage masa saurin zamiya a kan ƙanƙara ne, kuma shi da bakinsa ya sha faɗin cewa bai ɗauki motsa jiki da muhimmancin da ya kamata ba lokacin da dama take hannunsa. Wanda ƙafarsa ba ta da sauri dole ya rayu da kansa: ya karanci tsayuwar abokan hamayya, ya san inda zai tsaya tun kafin a buga. Wannan shi ne ilimin da ake iya faɗa wa wani da baki. Baiwa ba ta koyuwa haka. Wayne Gretzky, wanda babu kamarsa a tarihin wasan, ya horar da Phoenix Coyotes daga 2005 zuwa 2009, kaka huɗu, bai kai su zagayen neman kofi ko sau ɗaya ba. Akwai dalilai da yawa a lamarin ƙungiyar, amma ya isa ya nuna maka cewa iya wasa daban, iya koyarwa daban.

Ka kuma lura da aikin koci a wannan wasa, domin a nan amsar tambayarka take. Ana shirya mutum 20 a kowane wasa, shida ne kawai a kan ƙanƙara har da mai tsaron raga, kuma ana canza su bayan kimanin daƙiƙa 40 zuwa 50 ba tare da an tsayar da wasa ba. Tauraro komai ƙarfinsa ba ya wuce kusan sulusin lokacin idan ɗan gaba ne. Sauran lokacin yana hannun mutanen da ba a rubuta sunansu a jarida: mai tare hanya, mai kare raga idan an kori ɗaya daga cikinsu na minti biyu, yaron da aka kira jiya daga AHL yana tsoron kuskure ɗaya zai mayar da shi bas. Koci yana tsaye a bayan benci yana yanke shawarar wa zai fita, da wa zai kara. Wanda ya taɓa zama wannan yaron ya san abin da zai faɗa masa. A ganina wannan ne babban jarin Boudreau, kuma 'yan wasansa sun san shi da yawan magana da jan mutum a jiki, har ana masa laƙabi da Gabby, wato mai surutu.

Amma kada ka ɗauka daga ajiye sanda sai NHL. Ya fara horarwa a 1992 da Muskegon Fury, a wata ƙaramar gasa da ba ta ma nan yanzu. Ya koma Fort Wayne, sannan Mississippi Sea Wolves, inda ya ci Kofin Kelly na ECHL a 1999. Daga nan Lowell, sai Manchester Monarchs, ƙanwar Los Angeles Kings. A lokacin ne aka canza masa jirgi zuwa kwana ɗaya kafin harin 11 ga Satumba 2001, ranar da aka kai hari da jiragen fasinja a Amurka. Jirgin da ya kamata ya hau shi ne wanda ma'aikatan Kings biyu, Ace Bailey da Mark Bavis, suka rasu a ciki. A 2005 ya karɓi Hershey Bears, ya ci Kofin Calder na AHL a 2006, ya sake kai su wasan ƙarshe a 2007. Shekara 15 ke nan yana horarwa a ƙasa. Koci a can yana shan wani gwaji da na sama bai sani ba: duk wanda ya fi iya wasa a hannunsa, babbar ƙungiya za ta ɗauke shi a tsakiyar kaka, shi kuma ya sake gina tsari da wanda ya rage.

A watan Nuwamba 2007 Washington Capitals tana ƙasan teburi, ta ci wasa shida kacal cikin 21. Suka sallami Glen Hanlon, suka kira Boudreau daga Hershey a matsayin riƙon ƙwarya, yana da shekara 52. Ya sake musu mara su kai hari, kuma ya tarar da yaran da ya rena a Hershey, irin su Mike Green da Brooks Laich. Ƙungiyar ta ci wasa 37 a ƙarƙashinsa, ta ɗauki rukuninta, Alex Ovechkin ya zura 65 a kakar, shi kuma aka ba shi kyautar Jack Adams ta gwarzon koci a 2008. To ka ga dalilin da tauraro yake saurara: an kawo masa tsarin da ya dace da ƙarfinsa, kuma yana ganin sakamako daren farko. Ba ya tambayar takardar shaidar wasan koci idan ana cin wasa.

Gaskiya kuma sai a faɗe ta duka. Masu iya magana sun ce ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare, kuma miyar hoki ita ce zagayen neman kofi, inda ake karawa har sai ɗaya ya ci huɗu cikin bakwai. A nan Boudreau ya sha baƙin ciki. A 2010 Washington ta fi kowa maki a gasar da 121, Montreal ta fitar da ita a zagayen farko. Da ya koma Anaheim Ducks, shekara huɗu a jere, 2013 zuwa 2016, ana fitar da su a wasa na bakwai a gidansu. Ya horar da Minnesota da Vancouver bayan nan, ya wuce nasara 600 a NHL, amma bai ɗaga Kofin Stanley, babban kofin NHL, ba. Wasu na ɗora laifin a kan salonsa na kai hari. Ni ina ganin hukuncin ya yi tsauri, domin wasa ɗaya mai tsaron raga guda zai iya juya shi, sai dai ba zan ce masu sukar ba su da hujja ba.

Idan abokanka suka sake tayar da hirar, ka ambata musu Jared Bednar. Shi ko wasa ɗaya bai buga a NHL ba. Ya ci Kofin Kelly a matsayin koci da South Carolina Stingrays a 2009, Kofin Calder da Lake Erie Monsters a 2016, sannan Kofin Stanley da Colorado Avalanche a 2022, kuma shi ne koci na farko da ya haɗa ukun.