Kifin da ke harbo ƙwari da ruwa, zai zauna a gida?

Malam, ka ce ka ga bidiyon kifi mai ɗigo-ɗigo baƙaƙe yana harbo ƙwaro daga kan ganye, kana tambaya ko za a iya kiwonsa a akwatin gilashi. Za a iya, amma da wahala kaɗan.

Wannan kifin, da Turanci archerfish ake kiransa. Asalinsa daga Indiya ne zuwa Indonesiya da arewacin Ostareliya, a bakin kogunan da ke haɗuwa da teku, inda ruwa ke da ɗan gishiri. Tsawonsa yana iya kai santimita 40. Harbin kuwa, harshensa yake mannawa a wani kwari da ke rufin bakinsa, ya matse marfin wurin numfashinsa da ke gefen kansa, sai ruwa ya fita kamar kibiya, sama da mita ɗaya. Abin da ya fi burge ni, ruwa yana karkatar da gani, amma shi yana gyara saitinsa.

Ka nemi babban akwati, kada ka cika shi, ka rufe sama domin yana tsalle. Ɗumin ruwa digiri 25 zuwa 30. Gishirin teku na kifaye za ka sa, ba na miya ba. Ba shi gyare da fara masu rai. Idan ka haɗa shi da ƙananan kifaye kuwa, haɗiye su zai yi.