Zaɓen gari ya ƙarato: mai alkawarin rage haya zan zaɓa ko mai alkawarin tsaro?

Tambaya: Malam, zaɓen magajin gari da kansiloli ya ƙarato a birninmu, kuma manyan 'yan takara biyu ne. Ɗaya ya ce da ya hau kujera zai kafa dokar hana ƙarin kuɗin haya, ya kuma gina gidaje masu rahusa. Ɗayan ya ce zai cika unguwanni da 'yan sanda, ya rushe gidajen da aka gina ba bisa ƙa'ida ba, domin a cewarsa can ne maɓoyar ɓarayi. Ni 'yar haya ce, shekara uku a jere ana yi mini ƙari, 'ya'yana kuma ba sa leƙa waje bayan magariba saboda masu ƙwacen waya. Kowannensu ya sosa mini inda ke yi mini ƙaiƙayi. Ta yaya zan gane wanda zai iya cika alkawari?

Amsa: Malama, sannu da ɗawainiya. Ba zan zaɓa miki ɗan takara ba, ƙuri'ar taki ce. Amma zan ara miki ma'aunin da mu masu aikin tsara birane muke auna irin waɗannan maganganu da shi. Kafin ki binciki gaskiyar mutum, fara bincikar kujerar da yake nema: tana da ikon abin da ya faɗa kuwa? Ɗan takara zai iya rantsewa da zuciya ɗaya, alhali mabuɗin ɗakin yana aljihun wani.

Mutanen Berlin sun ga wannan da idonsu. A watan Fabrairun 2020 hukumar birnin ta kafa doka ta daskarar da kuɗin haya na shekara biyar a gidaje kusan miliyan ɗaya da rabi, har ta tilasta wa wasu masu gidaje su rage. 'Yan haya suka yi murna. Ranar 15 ga Afrilun 2021 kotun tsarin mulkin Jamus ta soke dokar ɗungurungum, ba tare da ta ce komai a kan kyanta ko muninta ba. Hujjarta kawai ita ce batun farashin haya hurumin gwamnatin tarayya ne. Wasu 'yan hayar sai da suka biya masu gida cikon kuɗin da aka rage musu. Ga Berlin da matsayin jiha, da majalisarta ta kanta, ta sha ƙasa, ina ga magajin gari na wani ƙaramin birni? Don haka ki nemi ɗan takararku na farko ya nuna muku dokar da ta ba kujerarsa wannan iko. In ya fara kame-kame, kin ji amsa.

Haka zancen 'yan sanda yake. A New York magajin gari ne ke naɗa kwamishinan 'yan sanda, shi ne kuma ke sauke shi, don haka in ya yi alkawarin tsaro ana iya riƙe wuyan rigarsa. A Landan magajin gari yana kula da kasafin rundunar da manufofinta, amma naɗin shugabanta yana bi ne ta hannun ministan cikin gida. A Faransa babbar runduna ta ƙasa ce, abin da magajin gari ke da shi ƙaramar rundunar birni ce mai taƙaitaccen iko. A Najeriya sashe na 214 na tsarin mulkin 1999 runduna ɗaya tak ya kafa, ta tarayya. In birninku yana cikin inda rundunar ba ta ƙarƙashin magajin gari, to "zan cika unguwanni da 'yan sanda" fassararsa ita ce "zan je in roƙa".

To mu ɗauka duka biyun suna da ikon. Alkawuran nasu magani ne?

Dokar hana ƙarin haya tana taimakon wanda yake cikin gida yau, irinki ke nan, kuma ba na raina wannan. Amma tana da wutsiya. A 1994 masu zaɓe a San Francisco sun faɗaɗa dokar ƙayyade haya ta haɗa da ƙananan gidajen haya da aka gina kafin 1980. Bayan shekaru, masana tattalin arziki na jami'ar Stanford suka bi diddigin gidajen. Sun tarar 'yan hayar da dokar ta rufa wa asiri sun fi daɗewa a gidajensu, wanda shi ne abin da aka nema tun farko. Sai dai masu gidajen sun janye kimanin kashi 15 cikin ɗari na ɗakunan daga kasuwar haya, wasu sun sayar, wasu sun rushe sun sake gini, lamarin da ya ɗaga haya a sauran birnin da kusan kashi 5 cikin ɗari. An share hawayen na ciki, na waje da ke neman ɗaki ya biya. Gobe 'yarki ce ko ɗanki za su zama na wajen.

Haya tana tashi ne idan masu neman ɗaki sun fi ɗakunan yawa, kuma a nan ne hukumar birni take da ƙarfin da 'yan takara ba su cika tallatawa ba, saboda ba ya sa a yi tafi a filin gangami. Ita ke cewa a wannan fili gida ɗaya za a gina ko bene mai hawa huɗu. Ita ke riƙe takardar izinin gini wata biyu ko shekara biyu. Ita ke kai hanya da ruwa da magudana gefen gari, ko ta bar wurin daji. A 2016 birnin Auckland na ƙasar New Zealand ya sauya tsarinsa, ya halatta ƙarin gidaje a kan kusan kashi uku cikin huɗu na filayen zama, kuma cikin 'yan shekaru adadin izinin gini da ake bayarwa ya ninka. Hukumar ba ta aza tubali ko ɗaya ba, hanya kawai ta buɗe.

Gina gidajen gwamnati kuwa abu ne mai yiwuwa, amma ba aikin zango ɗaya ba ne. Vienna, babban birnin Ostiriya, wanda kowa ke buga misali da shi, yana da gidajen haya kimanin 220,000 mallakar birni. Sun faro ne tun bayan yaƙin duniya na ɗaya, kuma a 1923 suka ƙirƙiro haraji na musamman na gina gidaje wanda nauyinsa ya fi faɗa wa masu hali. Da shi suka gina gidaje sama da 60,000 kafin 1934. Abin lura a nan, sun fara faɗin inda kuɗin zai fito. Duk wanda ya ce zai gina gida dubu goma bai ambaci fili ba, bai ambaci haraji ko bashi ba, romon baka ne. Ki lissafa da kanki: kuɗin gina gida ɗaya sau adadin da ya faɗa, ki gwada da kasafin birnin na shekara, wanda galibinsa albashi da shara da gyaran hanya sun riga sun cinye.

Alkawarin ɗan takara na biyu, na tsaro, shi na fi so mu daɗe a kansa, domin tsoro ya fi tsadar haya saurin kai mutum rumfar zaɓe, 'yan siyasa kuma sun san da haka.

Yawan 'yan sanda yana da amfani, amma inda aka ajiye su ya fi yawansu muhimmanci. A 1972 zuwa 1973 an yi gwaji a Kansas City ta Amurka: wasu yankuna aka ninka musu motocin sintiri sau biyu zuwa uku, wasu aka janye musu sintirin yau da kullum sai in an kira, wasu aka bar su yadda suke. Da aka ƙirga, babu wani bambancin a-zo-a-gani a yawan laifuka, mazauna ma ba su lura an canza komai ba. Daga baya, a 1989, wani bincike a Minneapolis ya gano cewa rabin duk kiran da ake yi wa 'yan sanda daga kashi 3 cikin ɗari na adireshin birnin yake fitowa. An maimaita irin wannan ƙidaya a birane da dama, sakamakon bai yi nisa da juna ba. Laifi ba ya bazuwa kamar hazo, yana da matattara: wannan kwanar, wancan kangon, bayan waccan tashar. Na tabbata in na ce ki zana mini inda ake ƙwacen waya a unguwarku, ba za ki wuce wuri huɗu ko biyar ba, kuma duk yaron unguwar ya san su.

A nan ne birni ke da aikin yi ko da ba shi da ɗan sanda ko ɗaya. A 2016 New York ta yi gwajin kafa manyan fitilu a wasu rukunin gidajen gwamnati da aka zaɓa ta hanyar canki-canka, aka bar wasu babu. Manyan laifukan da ake yi a waje da dare sun ragu da kimanin kashi 36 cikin ɗari a inda aka haska. A Philadelphia an ɗauki filaye 541 da aka yi watsi da su, aka share wasu, aka shuka ciyawa da 'yan itatuwa, aka zagaye su da ɗan gajeren shinge. A unguwannin talakawa harbe-harbe sun ragu da kusan kashi 29 cikin ɗari a kewayen filayen da aka gyara. Ba na cewa fitila da tsintsiya za su kama ɗan fashi mai bindiga, wannan aikin bincike ne da kotu. Amma ƙwacen waya a lungu mai duhu, wanda shi ya hana 'ya'yanki fita, yana cikin laifukan da suka fi jin wannan magani, kuma sa hannun magajin gari da amincewar kansiloli sun isa a yi shi.

Batun rusau ne ban yarda da shi ba, kuma gara in faɗa ƙarara. Ɓarawo ba ya rushewa tare da ɗaki, tattara nasa-ya-nasa yake yi ya koma wata unguwa, wataƙila taku. Waɗanda ke kwana a fili su ne masu gadi da masu wanki da leburori da 'ya'yansu. A 2005 gwamnatin Zimbabuwe ta yi gagarumin rusau a biranenta da sunan tsafta da yaƙi da laifi, Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta mutum 700,000 sun rasa muhalli ko sana'a ko duka biyun. Ke da kike haya, ki duba ta nan: duk iyalin da aka rushe wa ɗaki gobe da safe yana layin neman ɗaki tare da ke, mai gidanku kuma yana kallo. Alkawarin ɗan takara na biyu zai iya zama sanadin ƙarin hayarki ta shekara ta huɗu. Akwai ginin da dole a sauke shi, wanda ya toshe magudanar ruwa ko yake shirin ruftawa da mutane. Wannan daban, kuma ana yin sa ne da sanarwa da wa'adi da wurin komawa.

Kin ga ashe matsalolin naki biyu jijiyarsu ɗaya. Unguwar da mutane ke daɗewa a cikinta, mai shago ya san 'ya'yan kowa, tsohuwar da ke zaune a ƙofar gida ta san baƙuwar fuska, ta fi wahalar shiga ga ɓarawo. Unguwar da ƙarin haya ke korar mutane duk shekara kuwa, maƙwabci bai san maƙwabci ba, ko ihu aka yi kowa sai ya ƙara danna sakata.

Wani abu da ba ki tambaya ba: kada ki manta da kansila. A yawancin birane majalisa ce ke amincewa da kasafi da tsarin filaye, magajin gari shi kaɗai ba ya rawa. Zaɓen gari kuma shi ne wanda aka fi ƙaurace wa. A New York, a zaɓen magajin gari na 2021, waɗanda suka fito ba su kai kashi ɗaya cikin huɗu na masu rajista ba. Idan fitowa ta yi ƙaranci haka, masu gida da dattawa ne suka fi zuwa, 'yan haya da matasa su zauna. Na taɓa halartar wani zaman jin ra'ayin jama'a kan izinin gina benen haya, duk waɗanda suka tashi suka yi magana masu gidajen kansu ne, kuma kowa cewa yake kada a gina kusa da shi. Iyalan da za su zauna a benen babu ko ɗaya a ɗakin, suna wurin aiki, wasu ma ba su san ana zaman ba. Aka ƙi ba da izinin. Kansilan bai yi mugunta ba, waɗanda ya gani ya saurara.

Idan 'yan takarar sun zo unguwarku, ku haɗu ku goma ko ashirin, ku je da takarda ɗauke da sunayen wuraren nan huɗu ko biyar. Ku ce wa mai maganar tsaro: a cikin waɗannan wanne za ka fara haskawa, a wane wata, kuma wa zai riƙa biyan kuɗin gyara idan fitilar ta mutu? Kangon nan na wane ne, me dokar birni ta ce a yi da shi? Mai maganar gidaje kuma ku tambaye shi wata nawa takardar izinin gini ke ɗauka yanzu, zuwa nawa zai rage, filin birni nawa ne ke zaune ba a amfani da shi. In ɗayansu ya taɓa riƙe muƙami, ku nemo kasafin shekarunsa ku duba nawa aka ware wa fitilu da magudanai, nawa kuma aka kashe a zahiri, domin lambobin biyu sukan yi hannun riga. Wanda ya san birnin zai amsa da sunan titi da adadi, har ya ce muku wannan ba hurumina ba ne, na gwamnatin sama ne, ga yadda zan bi ta. Ku rubuta abin da kowa ya faɗa da ranar da ya faɗa, ku ba mutum biyu su ajiye.