Amsa ga Hajiya mai tambaya kan zagayen tsibiran Venis daga babban jirgin ruwa

Hajiya, sannu da shiri, Allah Ya kai ku lafiya Ya dawo da ku lafiya. Na ga tambayarki: za ku shiga babban jirgin ruwa na yawon shaƙatawa ke da maigida da Mama, jirgin zai yi yini guda a birnin Venis na Italiya, kamfanin kuma yana tallata muku zagayen tsibiran Murano da Burano a ƙaramin jirgi da kuɗi mai tsoka. Kina so ki sani ko ku saya, ko ku je da kanku, ga shi Mama na fama da ciwon gwiwa. Na daɗe ina zaune a Mestre, wato ɓangaren Venis da ke kan tudu, kuma duk baƙon da ya zo mini daga gida sai na kai shi waɗannan tsibiran, don haka bari in faɗa miki abin da na sani.

Kafin maganar kuɗi, ɗauko takardar tafiyarku ki duba sunan tashar da jirgin zai tsaya, da ƙarfe nawa zai iso, da ƙarfe nawa zai tashi. Amsar tambayarki duk tana nan. Mutane da yawa har yanzu hoton da suke da shi a kai shi ne na ƙaton jirgi yana ratsawa ta gaban dandalin San Marco, fasinjoji a sama suna ɗaga hannu. Wannan ya wuce. A watan Yunin 2019 wani babban jirgi ya ƙwace ya daki gaɓa da wani ƙaramin jirgi a mashigin Giudecca, mutanen gari da dama can suke ƙorafi suka ƙara tayar da jijiyar wuya, hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da wuraren tarihi ma ta matsa. Daga 1 ga Agustan 2021 gwamnatin Italiya ta hana duk jirgin da ya haura tan 25,000 bi ta wannan hanya. Yanzu sai ki ga an rubuta "Venis" da manyan baƙi a talla, alhali jirgin a Marghera zai tsaya, ko Fusina, ko Chioggia, wasu ma har Trieste ko Ravenna. Daga Ravenna ko Trieste zuwa nan tafiyar wajen awa biyu ce ko fiye a mota, zuwa kawai, ban da dawowa.

In dai Ravenna ne ko Trieste, kada ki ma wahalar da kanki da lissafi. Ko ku sayi zagayen kamfanin, ko ku haƙura da tsibiran ku ga cikin gari kawai. Dalili ɗaya ne: jirgi yana jiran mutanen da suka fita a zagayensa in sun makara, amma wanda ya fita da kansa ba a jiransa. Lokaci na cika za a janye tsani. Sai dai ka nemi hanyar da za ka riske su a tasha ta gaba da kuɗin aljihunka, wataƙila ma a wata ƙasa. Tsadar da kike gani a tikitin kamfani, rabinta kuɗin wannan kwanciyar hankalin ne.

In kuwa Marghera ne ko Fusina, kuma kuna da kamar awa takwas a hannu, ni dai da ni ne da kaina zan je. Sai dai ki san Marghera tashar masana'antu ce, ba a barin fasinja ya taka da ƙafa ya fita. Kwasarku za a yi a bas ko a jirgi zuwa tsohuwar tashar Marittima, daga nan akwai ɗan jirgin ƙasa na sama da ke kai mutum Piazzale Roma, dandalin tashar motoci da ke bakin tsohon gari, cikin 'yan mintuna. Wannan jigilar tana cin lokaci safe da yamma, ki sa ta a lissafi.

Abin da ke hana ni son zagayen da aka shirya shi ne yadda ake rabon lokacin. Yawanci awa huɗu ne zuwa biyar. Za a fara sauke ku a Murano, amma ba a cikin gari ba, a bakin ƙofar wata masana'antar gilashi. Za a zaunar da ku a kan benci, wani dattijo ya zaro dunƙulen gilashi ja wur daga tanderu a bakin dogon bututun ƙarfe, ya hura, ya juya, ya sa hantsaki ya ja nan ya ja can, kafin ki ƙifta ido ya zama doki tsaye da ƙafafunsa. Ya ɗora takarda a jikinsa ta kama da wuta, don ku san har yanzu da zafi. Wallahi abin kallo ne, ban taɓa gajiya da shi ba. Amma bai fi minti goma zuwa sha biyar ba. Daga nan sai a buɗe wata ƙofa a tura ku ɗakin sayarwa, a nan ne za a bar ku ku daɗe. Kin san yadda direban doguwar hanya ke tsayawa a gidan abincin da ake zuba masa nasa kyauta, ko fasinja na jin yunwa ko ba sa ji? To haka abin yake. Sai an gama cinye muku safiya sannan a kai ku Burano, a ce minti arba'in da biyar ko awa ɗaya, kowa ya dawo. Burano kuwa ita ce ta cancanci a zauna.

Ga yadda nake yi da baƙina. Jirgin haya na cikin ruwa sunansa vaporetto, kamfanin ACTV ne ke tafiyar da shi, shi mutanen gari ke shiga su je aiki da asibiti. Tikitin shiga ɗaya, wanda ke aiki minti 75, yuro 9.50 ne a shigata ta baya-bayan nan, na awa 24 kuma yuro 25. Na yini za ku saya, don shiga uku kawai ya riga ya fanshe kuɗinsa. Duk lokacin da za ku shiga ku manna shi a jikin na'urar da ke bakin tasha har ta yi ƙara. Masu duba tikiti ba sa jin "ni baƙo ne", tara za su rubuta. Daga Piazzale Roma ku hau jirgi lamba 4.2 ko 5.2 zuwa tashar Fondamente Nove, a can ku canza zuwa lamba 12. Ku wuce Murano kada ku sauka, ku zarce Burano kai tsaye, tafiyar kamar minti 45. Hikimar ita ce daga Fondamente Nove jirgin ke tasowa, Mama za ta samu wurin zama. Wanda ya tsaya jiransa a tashar Faro ta Murano, a cike maƙil yake iso masa, wani lokaci ma sai ya jira na biyu.

Hanyar kanta rabin yawon ce. Za ku wuce San Michele, tsibiri mai jan katanga da dogayen itatuwa, maƙabartar garin ke nan. Bayan Murano sai ruwa ya buɗe. Faɗin tafkin da Venis da tsibiran ke ciki ya kai murabba'in kilomita 550, amma mafi yawansa ba zurfi, wani wurin tsuntsu ma a tsaye yake da ƙafarsa. Shi ya sa za ki ga gungumen itace uku-uku an ɗaure su wuri guda an jera, su ke nuna wa matuƙi inda hanya take. Game da tsoron amai da kika ambata, ki kwantar da hankalinki, ba teku ba ne, ruwan kwance yake. Girgizar da za ki ji ita ce lokacin da jirgi ya zo tsayawa ya bugi tasha. Tashar ma kanta a kan ruwa take tana lilo, a nan ne za ku riƙe Mama da kyau. Ma'aikacin da ke ɗaure igiya yakan miƙa wa tsofaffi hannu.

Burano garin masunta ne, kowane gida da launin fentinsa: ja, shuɗi, ruwan ƙwai, kore, ga shanya a rataye, ga kwale-kwale a ƙofar gida. Hasumiyar cocin San Martino a karkace take, tun daga nesa za ki hango. Kowa na sauka sai ya bi ayari zuwa babban titin Galuppi inda shaguna suke. Ku ratse ku shiga lungu, taku kaɗan za ku tsinci kanku ku kaɗai. Gari ne shimfiɗaɗɗe, gadojinsa kaɗan ne kuma gajeru, ya fi cikin Venis sauƙi nesa ba kusa ba ga mai ciwon gwiwa. Amma a tuna gidajen mutane ne. Na sha ganin baƙi sun zauna a dandamalin ƙofar wata tsohuwa suna hoto, tana ciki tana leƙowa ta labule rai a ɓace.

Maganar leshi, tunda na san sai kin tambaya. Ba irin namu na ɗinkin biki ba ne da ake sayarwa yadi-yadi. Saƙar allura ce da hannu, ɗan ƙyallen da bai fi tafin hannu ba yana cin makonni. An buɗe makarantar koyar da ita a 1872, yanzu ginin gidan tarihi ne a dandalin garin. Duk wanda ya miƙo miki babban mayafin tebur a yuro ashirin ya ce aikin Burano ne, na inji ne daga wata ƙasa. In ya yi miki kyau ki saya, amma ki san abin da kika saya. Gilashi ma haka: na ainihi yakan zo da tambarin Vetro Artistico Murano, na yuro biyu-biyu da ke cikin kwando kuwa ba sai na faɗa ba.

Abinci sai an kula. Kifi ne abincin tsibirin, amma suna yawan zuba giya a shinkafarsu da miyar taliya tun a tukunya. Ki riƙe kalmomin nan: "senza vino, senza maiale", ba giya, ba alade. Gasasshen kifi ko soyayye ya fi kwanciyar rai. Biskit ɗinsu mai zagaye, bussolà, na man shanu da ƙwai ne, sai dai wasu kan ɗiga masa giya don ƙamshi, a tambaya. A burodi kuma kalmar da za ki guda ita ce "strutto", kitsen alade ke nan. In kun zauna a tebur akwai kuɗin zama da suke kira coperto, kowane kai, ba cuta ba ce, haka tsarinsu yake. Masallaci babu a tsibiran, sai a Marghera da Mestre. Ku fito da alwala da 'yar darduma. Akwai gadar katako da ta haɗa Burano da Mazzorbo, can akwai fili da ciyawa ba hayaniya, nan muke yin sallarmu. Ban-ɗakin gwamnati na kuɗi ne, a riƙe 'yan silalla.

Tsibirin Torcello kuwa, tunda kuna tare da Mama, ku haƙura da ita. Minti biyar ce daga Burano a lamba 9, cocinta ya samo asali tun shekarar 639, dā gari ne babba kafin laka da zazzaɓin sauro su watsa shi, yau mazaunanta 'yan tsiraru ne. Amma daga tasha zuwa cocin tafiyar ƙafa ce mai ɗan nisa ba inuwa.

Ku baro Burano kafin ƙarfe biyu, don daga nan layin masu komawa ke fara tsawo. Sai ku sauka a Murano a kan hanyar dawowa. Masana'antu da yawa suna nuna hura gilashi da kuɗi kaɗan, ku kalla ku fito lokacin da kuka ga dama. Tun 1291 hukumar Venis ta kwashe maƙeran gilashi ta kai su can saboda tsoron gobara. Ki shiga shagon duwatsun wuya ki duba da kyau, za ki ga masu kama da na cikin adudun kakanninmu, kuma ba banza ba. Bature Heinrich Barth da ya shiga Kano a 1851 ya lissafa duwatsun ado na Venis cikin kayan da ya tarar a kasuwa, tare da takarda mai tambarin jinjirin wata guda uku, wadda a wannan yanki na Italiya ake yin ta, malamanmu suka yi ta rubuta Alƙur'ani a kanta. Daga Murano lamba 3 na kai mutum Piazzale Roma kai tsaye.

Sauran abin dubawa kafin ranar. Tun Afrilun 2024 akwai kuɗin shiga tsohon gari ga masu yini ɗaya a wasu ranaku, ya fara da yuro 5. Tsibiran ba sa ciki a shekarun farko, amma dokar na sauyawa duk shekara, ki duba shafin hukumar birnin ko ki tambayi kamfanin jirginku. In tafiyar ta faɗo tsakanin Oktoba da Janairu, lokacin cikar ruwa ne da hazo. Tun da aka fara ɗaga ƙofofin tare ruwan teku da ake kira MOSE a Oktoban 2020 ambaliya irin ta Nuwamban 2019 ta yi sauƙi, amma hazo mai kauri har yanzu yana tsayar da wasu layukan. Sai kalmar "sciopero", yajin aiki. Ana sanar da shi tun da wuri, ki bincika ranarku. In ya faɗo a kanta, ku koma wa zagayen kamfani ba gardama.

Lokacin da aka rubuta na rufe ƙofar jirgi kuwa, ki ɗauka awa biyu kafinsa ne naku, ku kasance a Piazzale Roma. Ki ɗauki hoton takardar da jirgi ke rabawa kowace safiya, akwai lambar wakilinsu na tasha a jiki. Ki turo mini sunan tashar da awannin a nan, in tsara miki lokutan ɗaya bayan ɗaya. A gaida Mama, a ce ta taho da takalmi mara santsi da rigar sanyi ko da rani ne, iskar kan ruwa da safe tana shiga jiki.